RA'AYINMU: Naɗar Wasan Kwamfuta, Ajiya a Rumbun Wani

Wata al'ada ta shigo cikin matasa wadda ya kamata mu tsaya mu dube ta da idon basira, tun masu suka da masu yabo ba su gama raba mu gida biyu ba. Al'adar kuwa ita ce naɗar wasan kwamfuta. Mutum zai kunna wasa a kwamfutarsa ko a wayarsa, sa'an nan ya kunna wata manhaja wadda aikinta shi ne ta kwafe duk abin da ya bayyana a kan allo, da sautin da ke fita, har da muryarsa in ya ga dama. In ya gama sai ga bidiyo ya samu, ko ya ajiye, ko ya tura wa abokai, ko ya ɗora a YouTube duniya ta gani. Manya da yawa suna ɗaukar wannan shiririta ce a kan shiririta: ba a gama jimamin lokacin da aka ɓata wajen wasa ba, ga shi an zo ana ɓata wani wajen kallon wasan da wani ya yi. Su kuwa samari, da dama daga cikinsu kallon abin suke kamar rijiyar kuɗi ce aka haƙa, aka bar musu guga a baki.

A ganinmu dukkansu sun bar jaki suna dukan taiki. Wanda ya naɗi wasa, ko ya sani ko bai sani ba, aikin ma'ajin tarihi yake yi, domin wasannin nan sun fi littafi da fim saurin mutuwa, kuma sau da yawa bidiyon da wani ɗan wasa ya naɗa a ɗakinsa shi kaɗai ke rage wa na baya. Abin da ya dame mu shi ne ana yin wannan ajiya a rumbun wani, a ƙarƙashin dokar wani, masu yinta kuma ba su damu su san haka ba.

Bari mu fara da asalin abin, don kada a zaci jiya aka haife shi. Neman shaida ne ya fara kawo naɗa. A 1981 wani mutum mai suna Walter Day ya buɗe gidan wasa, Twin Galaxies, a wani ƙaramin gari a jihar Iowa ta Amurka, ya kuma shiga tattara sunayen waɗanda suka fi kowa maki a kowane wasa. Da farko shaidar mai gidan wasa ko hoton allo ya wadatar. Daga baya aka koma neman kaset ɗin bidiyo, watau a kafa kyamara a gaban talabijin ko a haɗa na'urar wasan da rikoda. Dalilin komawar a fili yake. Wani ɗan wasa, Todd Rogers, ya ce a 1982 ya gama tseren mota na wasan Dragster cikin sakan 5.51, ba tare da bidiyon da ya nuna haka ba. Maganar ta zauna daram shekara 35, har littafin bajinta na Guinness ya karɓe ta. Sai a 2017 wani masani ya bi lissafin da aka gina wasan a kai filla-filla, ya nuna cewa ko aljani ne ke tuƙin ba zai sauka ƙasa da sakan 5.57 ba. A Janairun 2018 aka soke sunan Rogers daga jerin.

A kan kwamfuta kuwa wata dabara aka fara da ita, mai ban sha'awa ƙwarai. Wasan Doom, wanda kamfanin id Software ya fitar a 1993, ba ya naɗar hoto ko kaɗan. Abin da yake rubutawa shi ne motsin hannun ɗan wasa: sau 35 a kowane sakan yana rubuta ko mutum ya matsa gaba, ko ya juya, ko ya harba. In ana son kallo sai wasan ya karanta wannan rubutu ya sake buga kansa da kansa, kamar makaɗi da aka miƙa wa takardar kiɗa. Kowane rubutu bait 4 ne kacal (bait shi ne ma'aunin ajiyar kwamfuta, kusan gurbin harafi guda), saboda haka wasan awa ɗaya bai wuce rabin megabait da 'yan kai ba. Da irin wannan hanya ce wasu 'yan wasan Quake suka shirya ɗan gajeren fim mai suna Diary of a Camper a 1996, wanda ake lissafawa a matsayin farkon fina-finan da aka yi a cikin wasa. Amma dabarar tana da lam'a babba, kuma muna roƙon mai karatu ya riƙe ta, don za mu dawo kanta. Ba a iya kallon irin wannan naɗa sai da wasan kansa, kuma sai fitowar da aka naɗa da ita. In kamfani ya ɗan sauya lissafin wasan, sai a ga jarumin yana harbin bango, yana tafiya inda babu hanya. In wasan ya ɓace gaba ɗaya, rubutun ya zama takardar kiɗa a garin da ba makaɗi.

Bidiyo na sosai ba shi da wannan lalura, sai dai nauyi gare shi, kuma yana da kyau ɗalibi ya san girman nauyin. Hoton da muke gani yana motsi a kan allo jerin hotuna ne tsayayyu, wasan yana zana sabo sau 30 ko sau 60 a kowane sakan. Aikin manhajar naɗa shi ne ta tare kowane hoto a kan hanyarsa ta zuwa allo, ta kwafe shi, ta sake shi ya wuce. Allo irin wanda ya yawaita yana da ɗigo 1,920 a kwance da 1,080 a tsaye, jimla ɗigo 2,073,600. Kowane ɗigo yana cin bait 3, na ja da na kore da na shuɗi. Ke nan hoto ɗaya ya haura megabait 6. A ninka sau 60, an sami megabait 373 a sakan guda, fiye da gigabait 22 a minti guda, fiye da gigabait 1,300 a awa guda. Watau wasan ƙwallo na awa ɗaya, in aka ajiye shi ɗanye, ya fi ƙarfin rumbun yawancin kwamfutocin da ɗalibai ke rungume da su.

Waɗanda suka yi zamani da manhajar Fraps, wadda ta fito a 1999, sun ɗanɗana wannan. Ba ta matse hoto sai kaɗan, saboda haka cikin 'yan mintoci ta cika rumbu, tana yanka bidiyon gunduwa-gunduwa duk gigabait 4, wasan kuma yana tafiya yana ɗingishi domin ƙwaƙwalwar kwamfuta ɗaya ce ke zana hoton, ita ce kuma ke kwafe shi. Ta kyauta sakan 30 kawai take naɗa, ta kuma manna sunanta a saman hoton. Duk da haka shekaru sama da goma ita ce sarauniya, har aka daina sabunta ta a 2013.

Abin da ya kwance wannan ƙulli shi ne dabarar matse bidiyo, musamman ma'aunin da ake kira H.264 wanda aka kammala a 2003. Hikimarsa mai sauƙin fahimta ce. Tsakanin hoto da wanda ke biye da shi, mafi yawan abin da ke kan allo bai sauya ba: sama tana nan, fili yana nan, ɗan wasa ne kawai ya ɗaga ƙafa. To, maimakon a ajiye kowane hoto cikakke, sai a ajiye cikakke jefi-jefi, a tsakani kuma a rubuta abin da ya sauya kaɗai. Shi ya sa bidiyon wasa mai gudu da ƙura da ruwan sama yake dusashewa, na wasan dara kuwa yake fita tar. Da wannan hanya awa ɗayan nan ta sauko zuwa wajen gigabait 5.4, in aka bi ma'aunin megabit 12 a sakan da YouTube ke ba da shawara ga irin wannan hoto. An rage nauyin kusan sau 250. Sa'an nan masu ƙera kayan kwamfuta suka keɓe wani sashe a cikin na'urorinsu wanda ba shi da aiki sai matsewa, Intel a 2011, Nvidia a 2012, wasa ya huta da ɗingishi. A 2012 ɗin dai manhajar OBS ta fito, kyauta, kuma a buɗe ga duk mai son ya duba cikinta ko ya gyara. A 2013 Nvidia ta kawo ShadowPlay, wadda ke riƙe da mintocin da suka wuce a ko da yaushe, ta yadda in abin mamaki ya faru sai mutum ya danna maɓalli ya kamo shi bayan ya riga ya wuce. A shekarar ce kuma Sony ta sa maɓallin naɗa a jikin abin riƙon PlayStation 4. Windows 10 ta zo da nata a 2015, iPhone a 2017, Android a 2020. Abin da a da sai mai kyamara da kaset, ya zama na duk mai yatsa.

To, mece ce fa'idar wannan duka, ban da nuna bajinta? A nan ne muke ganin masu suka ba su yi wa al'amarin adalci ba. A 2023 wata gidauniyar tarihin wasannin bidiyo a Amurka, Video Game History Foundation, ta fitar da binciken da ya nuna kashi 87 cikin 100 na wasannin da aka sayar a ƙasar kafin 2010 ba a samunsu a kasuwa. Waɗannan ma masu sauƙin ciwo ne, tun da akwai faifai ko katirij da wani zai iya tonowa daga akwati. Na zamanin nan da yawa ba sa tashi sai sun gaisa da manyan kwamfutocin kamfani ta intanet, kuma ranar da kamfani ya kashe nasa ɓangaren, abin da ke hannun mai saye ya zama gawa. Kamfanin Ubisoft na Faransa ya rufe wasan tseren mota The Crew ranar 31 ga Maris, 2024, shekara goma ba cika ba da fitowarsa, har wanda ya saya da kuɗinsa ya kasa buɗe shi. Wannan ne ya tayar da gangamin Stop Killing Games, wanda takardar kokensa ga Tarayyar Turai ta haura sa hannu miliyan 1 a Yulin 2025. Na Sony ya fi ban tausayi: wasan Concord ya shiga kasuwa ranar 23 ga Agusta, 2024, aka rufe shi ranar 6 ga Satumba, aka mayar wa mutane kuɗinsu. Mako biyu ke nan. Mafi yawan mutanen da za su taɓa sanin kamanninsa, ta bidiyon waɗanda suka naɗa cikin kwanakin nan 14 za su sani.

Misalin da ya fi ratsa mu daga Jafan yake. Daga 1995 kamfanin Nintendo ya riƙa aika wasanni ta tauraron ɗan adam zuwa wata na'ura mai suna Satellaview, tare da haɗin gwiwar gidan rediyon St.GIGA. Wasu daga cikin wasannin, kamar BS Zelda na 1995, ba a buga su sai a ƙayyadajjen lokaci, awa ɗaya, kamar shirin rediyo, kuma yayin da ake bugawa muryoyin 'yan wasan kwaikwayo suna zuwa ta iska suna ba da labari, suna yi wa mai wasa jagora. Na'urar tana iya ajiye wasan, amma ba ta ajiye muryoyin. Da shirin ya ƙare sun bi iska. Abin da aka tsira da shi daga cikinsu, daga kaset ɗin bidiyon mutanen da suka haɗa rikoda da talabijin a gidajensu aka samo shi, mutanen da babu mamaki iyayensu sun yi musu faɗan ɓarnar kaset. Ba a wasa kaɗai aka ga haka ba. BBC da kanta ta goge kaset-kaset na shirinta Doctor Who a shekarun 1960 da 1970 don ta sake amfani da su, sautin sassan da suka ɓace kuwa a hannun 'yan kallo da suka naɗa a gida aka same shi. A 2013 aka sanar da gano sassa 9 da aka fid da rai da su, a wani ɗakin ajiya na gidan talabijin a Jos. Kamfani yana lissafin riba ne, ba tarihi ba ne a gabansa, kuma ba ma zarginsa da haka. Muna dai cewa kada a bar masa ajiyar.

Kada kuma a ce mun zuzuta abin fiye da kima. Hangen Dala ba shiga birni ba ne. Bidiyo yana nuna hanya ɗaya ce da mutum ɗaya ya bi, alhali daɗin wasa yana cikin hanyoyin da za a iya bi. Ba ya nuna nauyin maɓalli a ƙarƙashin yatsa. Amma yana da abin da wasan kansa ba shi da shi, ko da an adana shi lafiya: yana nuna yadda mutane suka buga shi, da abin da suka faɗa, da inda suka yi dariya, da inda suka yi tsaki. Sa'an nan, saɓanin rubutun Doom da muka ambata, ba ya bukatar wasan ya rayu kafin a kalle shi.

A wajen shaida ma ya tabbatar da amfaninsa. A Oktoban 2020 wani shahararren ɗan wasan Minecraft da ake kira Dream ya yi ta buga wasan kai tsaye a gaban dubban 'yan kallo, yana neman gama shi cikin ƙanƙanin lokaci. Masu tantancewa suka koma kan bidiyoyin suka ƙirga: a wani ciniki na sa'a da ake yi a cikin wasan, ya gwada sau 262 ya dace sau 42, alhali lissafi wajen 12 ya nuna. Suka ce yiwuwar irin sa'ar da ya yi ba ta wuce ɗaya cikin tiriliyan 7.5 ba, suka ƙi karɓar sakamakon. Ya musa watanni, sa'an nan a Mayun 2021 ya amsa cewa akwai wani gyara a cikin wasansa da ya ƙara masa sa'a, ko da yake ya ce bai san yana aiki ba. Ido bai ga komai ba a lokacin da ake kallo. Da yake an ajiye, sai alƙalami ya gani. Maganar Rogers ta ci shekara 35, wannan ko shekara ɗaya ba ta yi ba.

Yanzu sai mu zo kan abin da ya sa muka ɗauki alƙalami. Wannan bidiyo da ɗalibi ya kwana yana naɗa, yana yankewa, yana sa masa murya, na wane ne? Hannunsa ne ya buga, muryarsa ce ke ciki, amma zane da kiɗa da labarin na kamfani ne, kuma dokar haƙƙin mallaka tana tare da kamfani. Yawancin kamfanoni suna kau da kai ne don sun ga tallar kyauta ce, wasu ma sun rubuta izini. Amma izinin da aka bayar ana iya janye shi. A 2013 Nintendo ta fara karɓe kuɗin tallar da ke kan bidiyoyin wasanninta a YouTube. A 2015 ta kafa wani tsari wanda mai bidiyo zai yi rajista a ba shi kashi 60 ko 70 cikin 100, ita ta riƙe saura, ba ta soke shi ba sai a ƙarshen 2018. A 2017 kamfanin Atlus ya gargaɗi masu naɗar Persona 5 kada su wuce wani mataki na labarin, in ba haka ba a rufe musu tasha. A Satumban 2023 kuwa wata kotu a birnin Sendai na Jafan ta yanke wa wani mutum ɗaurin shekara 2, wanda aka jingine, da tarar yen miliyan 1, saboda ɗora bidiyon wani wasa na jerin Steins;Gate har da ƙarshen labarinsa, tare da wasu fina-finan zane, yana cin kuɗin talla. Wasan nan kusan duk karatu ne da kallo, wanda ya ga bidiyon ba shi da sauran dalilin saye, kuma a nan muna ganin kamfanin yana da hujja. Sai dai ya kamata kowa ya san cewa filin da yake rawa a kai yana da mai shi.

Rumbun ma haka. Twitch, dandalin kallon wasa kai tsaye da aka buɗe a 2011, wanda Amazon ta saya a 2014 a kan dala miliyan 970, ya sanar a shekarar da aka saye shi cewa ya daina ajiye tsofaffin shirye-shirye har abada: na talaka kwana 14 ne a goge. A 2022 aka rage wa ƙananan masu tasha zuwa kwana 7. A Oktoban 2020, da kamfanonin kiɗa suka matsa masa lamba, ya goge dubban bidiyoyi ba tare da ya ba masu su damar kare kansu ba. A 2025 ya ƙayyade wa kowa awa 100 na abin da zai iya adanawa, abin da ya haura a share, kuma waɗanda abin ya fi shafa su ne masu tseren gama wasa, waɗanda tarihin bajintarsu na shekaru yake jibge a can. Microsoft ta rufe nata dandalin, Mixer, a Yulin 2020. A Janairun 2019 aka wayi gari tashar Machinima a YouTube, mai mabiya sama da miliyan 12 da aikin ɗaruruwan mutane na fiye da shekara goma, an kulle bidiyoyinta kaf bayan kamfanin ya sauya hannu. Hausawa sun ce kayan aro ba ya rufe katara. Mai ɗora bidiyo a dandali ya goge na hannunsa don ya sami wuri, ya tsere wa mutuwar wasa ne ya faɗa wa mutuwar dandali.

Game da rijiyar kuɗin nan, ba za mu tsawaita ba, lissafi ya isa. A 2018 YouTube ya kafa dokar cewa ba zai raba kuɗin talla da mai tasha ba sai ya tara mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata 12. Awa 4,000 minti 240,000 ke nan. In kowane mai kallo ya daure minti 5, ana bukatar kallo 48,000 kafin a fara maganar kwabo, bayan haka kuma kashi 55 cikin 100 ne rabon mai tasha, farashin talla kuma ya danganta da ƙasar da 'yan kallo suke. Kafin a kai can, duk awa ɗaya da aka ɗora gigabait 5 ne na data daga aljihun ɗalibi, ban da wuta, ban da daren da ya kamata a yi bitar darasi. Akwai waɗanda suka ci riba, ba mu musa ba, su ne ma ake gani. Ɗimbin da suka bari a hanya ba sa fitowa a allon kowa.

Akwai kuma wani haɗari da ya fi shafar 'yan'uwanmu da suka fara aikin gwamnati. Manhajar naɗa ba ta san kunya ba. In aka ce ta ɗauki allo gaba ɗaya, to, za ta ɗauki saƙon banki da ya faɗo, da sunan wanda ya yi sallama, da takardar ofis da aka manta a buɗe, da lambar sirri in an buga ta a fili. Makirufo kuma zai kwashi muryar abokin ɗaki da ke waya da mahaifiyarsa. Lalle ne mai naɗa ya umarci manhajar ta ɗauki tagar wasan kaɗai, ya kashe sanarwa, ya nemi yardar duk wanda muryarsa za ta shiga, ya kuma kalli abin da ya naɗa daga farko har ƙarshe kafin ya sake shi. Kwamfutar ofis kuwa ba wurin wannan aiki ba ce, ko da an tashi.

Abin da muke kira gare shi ba mai wuya ba ne. Wanda zai naɗa, ya riƙe kwafinsa na asali a faifan ajiya nasa na kansa, in da hali biyu a wurare dabam-dabam, ya ɗauki na dandali a matsayin na baje koli. Ya naɗa da tsarin fayil na MKV, domin tsohon tsarin MP4 sai an rufe shi lafiya yake buɗuwa, in wuta ta ɗauke ko kwamfuta ta sume a tsakiyar naɗa aikin duka ya tafi. OBS kuma tana iya juya MKV zuwa MP4 daga baya cikin ɗan lokaci ba tare da hoton ya ragu ba. Ya guji sa waƙar mutane a ƙarƙashin bidiyonsa. Ya rubuta sunan wasan, da fitowarsa, da ranar da aka buga, da garin, domin bidiyon da ba kwanan wata rabin shaida ne.

Sa'an nan ya yi magana da Hausa. Duk wanda ya taɓa leƙa gidajen gem na Kano ko Zariya ko Maraɗi ya san cewa rabin daɗin wasan ƙwallon FIFA da PES a bakin 'yan kallo yake: kirari, da zambo, da sunayen da aka laƙaba wa 'yan wasa, da kalmomin da aka ƙera a nan take don abin da harshen bai taɓa gani ba. Su kansu wasannin sun riga sun sauya suna, PES ya koma eFootball a 2021, FIFA ya koma EA Sports FC a 2023, a shekarar kuma aka janye tsofaffin FIFA daga shagunan intanet. Hoton wasan akwai dubbai da suka naɗa a duniya. Hausar da aka yi a kansa, in ba mu naɗa ba babu mai naɗa mana, kuma mai nazarin harshe na shekara 50 masu zuwa zai fi murna da awa ɗaya ta wannan surutu fiye da jawabin bikin yaye ɗalibai guda goma.

Muna kuma ganin lokaci ya yi da ɗakunan karatu na jami'o'i da sassan nazarin harsuna da na aikin jarida za su buɗe wa irin wannan ajiya ƙofa, kamar yadda suka buɗe wa kaset-kaset na mawaƙa da masu tatsuniya. Akwai tambayoyin doka da za su fara warwarewa, tun da ko a Amurka ofishin haƙƙin mallaka ya ƙi amincewa a Oktoban 2024 ɗakunan karatu su riƙa ba manazarta damar buga tsofaffin wasanni daga nesa. Amma karɓar bidiyo daga hannun wanda ya naɗa, da yardarsa a rubuce, a ajiye don nazari a cikin ɗakin karatu, ya fi wannan sauƙi nesa ba kusa ba. Wurin ma ba shi da yawa: a kan lissafin da muka yi a sama, faifai ɗaya mai gigabait 2,000 zai ɗauki awa 370.